Jar Fitila a Hannun Dama

Akwai wata ƙararrawa da ake ɗaurewa a kan durom ɗin ƙarfe a tsakiyar ruwa, ba mai kaɗa ta sai igiyar ruwa. Ta buga sau biyu, ta yi shiru kamar ta haƙura, sai kuma ta sake. Makon jiya na kai ɗana bakin ruwan Chesapeake, nan Amurka, don ya ga tsohuwar hasumiyar fitilar da aka sa su rubutu a kanta a makaranta. Ina tsaye ina gyara masa hula iska ta kawo min wannan ƙarar. Wallahi sai da na nemi benci na zauna. An fi shekara ashirin, amma ban manta da ita ba.

Ina 'yar shekara goma kakana na wajen uba ya zo mana ziyara a garin Annandale, inda muke zaune. Ka san irin tsofaffin nan da ba su iya zama ba? Aka ajiye shi a bene hawa na uku, ba zaure, ba majalisa, ba wanda zai ce masa ina kwana sai mu. Abin da ya rage masa shi ne labari, labarin kuwa guda ne: fitila. Tun yana saurayi ya bar ƙauyenmu ya bi jirgin ƙasa zuwa Ikko, ya samu aikin hawa da kananzir saman hasumiyar da ke bakin teku. A nan ya koyi goge gilashi da gyaran lagwani, ya kuma koyi cewa kowace fitila da irin ƙiftawarta, yadda matuƙin jirgi zai gane garin da ya nufa tun daga nesa, kamar yadda kake gane ladanin unguwarku da muryarsa. Da lantarki ya zo aka daina buƙatar mai ɗaukar kananzir, sai aka mai da shi kwalekwalen masu duba fitilun da ke iyo a mashigar tashar jiragen ruwa. Shekara talatin yana wannan aiki, kuma ba ya rufe labarin sai ya ce jirgi bai taɓa yin karo a ranar aikinsa ba.

Ni da shi kullum cikin tsiya muke, irin ta kaka da jika. "Amarya marar baki" yake ce min, don ina jin Hausa sarai amma da Turanci nake mayar masa. Kullum sai ya ce ya sake ni, kullum kuma sai ya mai da ni da alawa. Baba kuwa, mutumin da ake jin muryarsa a rediyo har Agadas, in ya zo gaban mahaifinsa tsugunnawa yake yi, idonsa a ƙasa. Ban taɓa jin ya ce masa a'a ba.

Tausayin zaman kaɗaicin tsohon ne ya sa Baba ya ari ƙaramin jirgi mai inji wajen wani maƙwabcinmu. Wata Asabar ce, lokacin da ganye ya fara ja. Maƙwabcin ya raka mu har bakin ruwa, ya daɗe yana yi wa Baba bayani yana nuna hanya da hannu, ni hankalina yana kan tsuntsaye. Mama ta ce ita ba ta shiga ruwan da ba ta ganin ƙarshensa, amma ta bari aka tafi da ƙanena, yana ɗan shekara huɗu. Duk muka sa rigar iyo ban da Kaka, wanda ya ce shi ba zai ɗaura matashin kai a ƙirji ba.

Ban taɓa ganinsa da fara'a irin ta ranar ba. Muna fita sarari ya karɓi sitiyari, Baba ya matsa gefe. Muka wuce wani dogon layin baƙaƙen duwatsu da aka jera don tare igiyar ruwa, muka je har kusa da wata hasumiya da ke tsaye a kan ƙafafun ƙarfe a cikin ruwa, kamar rumbu a kan duwatsunsa. Kaka ya tambaya wa ke kwana a ciki. Baba ya ce ba kowa, yanzu da kanta take kunna kanta. Tsohon ya ja tsaki, ya ce ranar da ta mutu sai ta kai ƙarar kanta.

Bayan la'asar muka juyo, a nan hazo ya sauko. Ba a hankali ya zo ba. Yanzu kana ganin bishiyoyin gaɓa, ka sunkuya ka ɗago babu su, babu sama, babu komai sai fari. Sanyi ya shiga ƙashina. Ƙanena ya fara kuka yana kiran Mama, Baba ya rungume shi yana ta salati ƙasa-ƙasa. Na san Baba bai iya iyo ba, na san Kaka ba riga a jikinsa. Daga wani wuri da ban iya nunawa ba ƙararrawar nan tana ta bugawa. Tsoro ya kama ni.

Can sai ga jar fitila tana ƙiftawa a gabanmu. Kaka ya yi hamdala, ya ce mun samu ƙofar gida. Ya ce doka ce ta teku, in kana shiga tasha ka bar ja a hagunka, kore a damanka, ko makaho ya riƙe wannan zai isa. Ya karkata sitiyarin don ya bar ta a hagu.

Nan take na tuna wani abu. Watanni kaɗan kafin nan an kai ajinmu gidan tarihin fitilun teku, wata tsohuwa mai farin gashi ta sa mu maimaita abu guda har ya zame mana waƙa: a ruwan Amurka, in za ka koma gida, ja a dama. Har ta ce a wasu ƙasashen akasin haka ne, kuma baƙi da yawa sun hau duwatsu saboda shi. Na kalli Baba. Na ji ya ce wa Kaka, "Baba, anya kuwa..." Kaka bai ko waiwayo ba, ya tambaye shi tsakanin su biyu wa ya yi aikin. Baba ya sunkuyar da kai, ya ƙara matse ƙanena.

Daga nan na fara jin wani sauti daban a gabanmu, ruwa yana marin wani abu mai tauri. Na tuna baƙaƙen duwatsun da muka wuce. Ka yarda da ni, na buɗe baki sau biyu ba abin da ya fito. Turanci Kaka ba zai ji ba, Hausa kuma a kaina take, ba ta saba da harshena ba. Ga shi uban da ya haife ni ya yi shiru, ni wace ce? Sai na ga fitsari yana bin ƙafar wandon ƙanena. Na miƙe na kama hannun rigar Kaka na ja da ƙarfi.

"Ango, ka ɓata hanya. A nan ja dama ne. An koya mana."

Ban taɓa ce masa ango ba sai ranar. Ya dube ni, ya dubi Baba, Baba bai ɗago ba. Sai ya rage injin har ya kusa mutuwa, ya ɗauki doguwar sandar da ke kwance a jirgin ya zura a ruwa. Ko rabinta bai nutse ba. Kafin ya zaro ta muka ji ƙasan jirgin ya gurji wani abu, ƙuuu, duwatsun suka fito daga cikin hazon kamar shanu a kwance, kusa har ina ganin gansakukar jikinsu. Amma aikinsa ya sani. Ya tokare da sandar, ya ja da baya a hankali, ya zagayo ya bar jar fitilar a dama. Ba mu yi nisa ba koren ya bayyana a hagu, daga shi sai wani jan, har muka ga fitilun gaɓa.

A kan katakon bakin ruwa Kaka ya yi magariba, ya daɗe a sujada. Muka shiga mota muka koma gida. Washegari ya kira ni da takarda da fensir mai launi, ya ce in zana masa yadda ake shiga tasha a ƙasarmu. Haka ya ce, ƙasarku. Ya ninke takardar ya sa a aljihu, ya ba ni alawa, amma tun daga ranar bai sake ba mu labarin fitila ba. Na yi ta tsokanarsa ko zai ce ya sake ni, sai dai ya yi murmushi. Kafin dusar ƙanƙara ta fara zuba ya ce a mai da shi gida, bayan shekara biyu Allah Ya yi masa rasuwa. Na daɗe ina jin kamar ni na kashe masa wani abu, har yanzu ma ban gama rabuwa da wannan ba.

Yau hasumiyoyin nan yawancinsu wurin ɗaukar hoto ne. Waya ke nuna wa masu jirgi hanya, ɗana kuwa gyara min magana yake yi sau goma kafin mu karya kumallo, ko a jikinsa. Wani lokacin abin na ba ni haushi, sai na tuna in ƙyale shi.

Da muka dawo daga bakin ruwan makon jiya na biya ta wajen Baba. Ya yi ritaya, gemunsa fari fat, kamannin Kaka duk sun fito masa. Na kai masa shayi, na yi masa tambayar da na riƙe tun ina yarinya: me maƙwabcin nan yake ta nuna masa da hannu ranar? Ya daɗe yana juya cokali a kofin da ba sukari.

"Abin da kika faɗa shi ya faɗa min, har sau uku," in ji shi. "Na sani tun da muka hango fitilar. Ina riƙe da ɗana, ina jin duwatsun, bakina ya ƙi buɗuwa."

Ya ajiye cokalin, ya ce kada in gaya wa Mama.