Kujerar Baba a Motar Yendi

Jiya maƙwabciyata ta zubar da tokar murhu a bakin kwata, ruwa ya taɓa ta, warin ya shigo mini har ɗaki. Sai na ajiye tsintsiya na zauna. A gidanmu na Salaga ba a zubar da toka. Baba ke tara ta a buhu, tamu da ta maƙwabta, da ita yake zana layukan filin ƙwallon kwalejin malamai da ke bayan gari.

Kada ka ji na ce kwaleji ka ɗauka malami ne. A takarda lebura ne, mai sharar ciyawa. Da damina ciyawar filin kan kai gwiwa, shi ke bin ta da adda. Daga nan ya fara gyara wa ɗalibai tsayuwa da bugu, har ta kai ba sa shiga fili sai ya busa usur. Kowa Koci yake ce masa. Akwai kuma malamin wasanni mai takardar shaida, wanda ban taɓa ganin laka a takalminsa ba. Shi aikinsa gaisawa da baƙi. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Kakata ba ta taɓa son abin ba. Ta ce kakanninsa fataken goro ne, 'yan uwansa na lodin doya zuwa kudu, shi ya tsaya bin fata mai iska da 'ya'yan mutane. Amma in ya dawo murya a dashe, ita ce ke dama masa koko mai citta, tana damawa tana mita.

Ina shekara goma sha ɗaya yaran Baba suka kai wasan ƙarshe. A Yendi za a yi, da wata kwaleji daga Bawku, lokacin sabuwar doya. Umma ta wanke masa farar rigarsa, ta goge ta da dutsen guga na gawayi har sau biyu. Da safe duk gidan muka raka shi ƙofar kwaleji, har da kakata da sandarta, wai hanyarta ce ta biyo ta nan.

'Yan wasa suka shiga mota. Baba ya ɗora ƙafa a matakala, sai malamin wasanni ya tare shi da takarda.

"Koci, ka yi haƙuri, sunanka babu a lis. Kujera ta malamai ce."

Kujera ɗaya ce tal ta rage, kuma an riga an ba ƙanin matar shugaban kwaleji, wanda za shi Yendi sayen babur. Na gan shi ta taga yana ɓare gyaɗa. Har yau in na tuna fuskarsa raina ɓaci yake yi.

Gola ya miƙe ya ce su ma sun fasa, sauran suka fara tashi. Baba ya leƙa ya ce su zauna, ƙwallo za su buga, ba rigima ba. A nan ne na ji haushinsa shi ma. Da ya yi shiru minti biyu kacal, da mai gyaɗar nan ya sauko.

Tasha Baba ya wuce, ya hau bayan motar doya. A Yendi masu tsaron ƙofa suka hana shi zama da yaransa, don ba shi da kati. Golan ne ya ba mu labari daga baya: bayan shingen waya Baba ya tsaya, cikin masu talla, daga can yake daka musu tsawa, su kuwa kunnensu na wajensa. Suka ci kofi. Ya dawo washegari farar rigar ta koma ja. Kwaleji ta yanka bijimi, aka ƙara wa malamin wasanni girma, Baba kuwa ranar Litinin ya ɗauki addarsa.

Mutanen Bawku sun neme shi daga baya, za su sa shi a takarda a matsayin koci. Ya ƙi, wai wa zai bar wa yaransa. Ya ƙara shekara ashirin a filin nan, ya bar aiki yana lebura, ya rasu yana lebura.

Yanzu da fenti ake zana filin, kocin kwaleji yana da ofis da babur. Ban ƙi masa ba. Amma bana sai ga mutum uku sun zo mini daga kwalejin, wai za a rataya hoton Baba a ɗakin taro, ko muna da wanda ya ɗauka tare da 'yan wasa, don su sun duba ba su samu ba. Ihu bayan hari. Na ba su ruwa, kamar yadda Umma ta koya mini, na bari suka sha.

Sannan na ce, "Kuna da shi. Hoton kofin Yendi da ke ofishin shugabanku, ku duba gefen hagu, bayan shingen waya. Akwai hannu ɗaya a ɗage. Shi za ku rataya."