Fim ɗin da Ɗan Kawuna Ya Sa Inna a Ciki

Ɗan kawuna darakta ne, ko in ce haka yake kiran kansa, kuma ba na gaishe shi. In na hango shi a tashar Magarya da ƴar jakarsa a rataye, sai in sake hanya. Dangi sun yi ta cewa taubashina ne, tsakanin taubasai ba a riƙo, kome ya yi zafi wasa ne. Ni kuwa na riƙe, kuma ban ga ranar saki ba.

Da ɗaukar hoton biki ya fara, da kamarar aro. Daga nan ya tafi Kano ya yi ta riƙe wa masu fim fitila, ya dawo da hula a karkace da bakin da ba ya rufuwa. Finafinansa duk kusan abu ɗaya ne: in ba aljanu ba, mayu, in ba mayu ba, ƴan fashi. Jininsa zoɓo ne, aljaninsa wani dogon tela ne da ake shafa wa toka a fuska a lulluɓe shi da farin ƙyalle, hayaƙi kuwa busasshen kashin shanu ake kunnawa a bayan danga. Abincin rana shi ne ladan ƴan wasansa. In ya gama sai ya kai wa masu cajin salula, wato wayar hannu, su yi ta tura wa mutane a kati ranar kasuwa, daga Waca har Sassumbrum. Ba zan yi masa ƙarya ba, ana kallo.

Yana da wata al'ada da yake taƙama da ita, ita ce kuma ta cuce mu. Ba ya gaya wa kowa labarin fim. Wai in ɗan wasa ya san labari sai ya fara iyayi. Sai dai ya ce maka zauna nan, dubi can, yi dariya, tashi ka fita. Sauran aikin a Damagaram yake yin sa, a gaban na'ura, ya yanka nan ya liƙa can. Ba ya kuma gina wurin wasa. Gidan mutane yake shiga ya ɗauka yadda ya same shi.

Innata ungozoma ce a ƙauyenmu, can gefen Yekuwa. Yanzu mata a likita, wato asibiti, suke haihuwa, amma ita ke hawa amalanke ta raka mai naƙuda, ita ke dawowa da ita, ita ke dafa ruwan jego, ita ke yi wa jariri wanka har a yi suna. Manoma na kiran ta, masu shanu da ke zaune bayan rijiya ma na kiran ta. Ba wani abin kirki take samu ba, ɗan sabulu ne da ƙafar rago, amma aikin shi ne ita. Mace ce mai barkwanci, in tana wanke jariri sai ta yi ta masa tsiya, ta ce wannan da ganin goshinsa zai yi rowa.

Bayan an gama girbi ya zo, ni lokacin ina amarya a Waca. Ya durƙusa har ƙasa ya ce, “Gwaggo, tsohuwa nake nema mai fara'a, kuma duk ƙasar nan babu kamar ki.” Abin da bai faɗa ba shi ne matan da ke masa wasa a Magarya duk sun ƙi wannan matsayi, don su sun san abin da yake nufi da tsohuwa. Inna ta ji daɗi ɗan ƙanenta ya tuna da ita. Ya ɗauke ta tana dariya, ya ɗauke ta tana tsotsar tsamiya tana lashe leɓe, ya ɗauke ta tana leƙa tulu a ɗakinta. Aka yi rashin sa'a a kwanakin tana yi wa jaririyar maƙwabtanmu wanka, ya bi ta har can ya ɗauka, uwar yarinyar na gefe tana murna za a ga ƴarta a fim.

A salular ƙanen mijina na fara gani. Ga Inna a ɗakinta, da zanenta da na sani, ta sunkuya kan jaririya, sai idanunta suka rikiɗe suka yi ja wur. Aka yanko inda take lashe leɓe aka liƙa. Aka nuna ta tana leƙa tulu, a cikin tulun ga ɗan tsako fari yana kuka, wai kurwar yarinyar ce ta kama ta rufe. Ƙanen mijina yana dariya, da ya dubi fuskata sai ya kashe ya fita.

Wanda bai zauna ƙauye ba zai ce ai kowa ya san wasa ne. Sun sani mana. Mutanenmu ba wawaye ba ne, sun san dogon telan nan ba aljani ba ne, don ba a ƙofar gidansu yake kwana ba. Amma wannan ɗakin da suka sani ne, tulun da suka sha ruwa a cikinsa ne, jaririyar kuma tasu ce. Sai magana ta fara yawo a bakin rijiya: duk tsofaffin garin nan, me ya sa ita ya zaɓa? Ɗan ƙanenta ne fa, ya san abin da ke cikin gida. Ba wanda ya ce da ita kome. An dai yi haihuwa biyu a unguwar ba a aiko mata ba, kuma in ta fito tsakar hanya sai uwa ta jawo ɗanta ta mai da shi bayanta.

Na hau mota na same shi a Magarya, a wani shago yana shan shayi da abokansa. Na gaya masa abin da ake ciki. Ya yi dariya ya ce Gwaggo ta zama tauraruwa, fim ɗin ya fi duk na baya tafiya, har a Dungas ana tambayar sa ina ya samo tsohuwar nan. Da ya ga ban yi dariya ba sai ya ce jahilcin ƙauye ne, ba laifinsa ba. Ya ce amma yana da magani: zai yi kashi na biyu, a nuna ta ta tuba a gaban malam ta amayar da maitar. Na ce masa wanda ya tuba ai ya amsa laifi ke nan. Na kuma gaya masa ya san sarai abin da ake cewa, maita a nono ake shan ta, shi kuwa bai sha nonon Inna ba, ni na sha. Na zage shi a gaban abokansa, zagi na gaske, ban kuma yi nadama ba.

Da damina ta faɗi, zazzaɓi ya kama yarinyar nan da aka ɗauka a fim, har ta fara sanƙarewa. An kai ta likita an yi mata allura, amma kakarta ba ta tsaya jiran allura ba. Da hantsi suka shigo gidanmu da ita, suka shimfiɗe ta a tsakar gida, mata cike da ƙofa. Kakar, wadda suka yi ƴan matanci tare da Inna, ta ce, “Ba faɗa ya kawo mu ba. Ki dubi Allah ki tsallake ta.” Haka ake yi a wajenmu, in ana zargin mutum ya kama kurwa sai a sa shi ya tsallake marar lafiya, wai ya sake ta ke nan.

Ƙanwata ce ta ba ni labari, tana wurin. Ta ce Inna ta daɗe a tsaye tana duban yarinyar. Kowa a gidan ya san lissafin: in ta ƙi kuma yarinya ta mutu, ita ta cinye ta, in ta tsallaka kuma yarinya ta tashi, magana ta tabbata. Babanmu ya ce kada ta kuskura, a tafi gaban mai gari. Inna ta ce yarinya na kwance a rana ana maganar mai gari, ta tattare zanenta ta tsallaka, ta shige ɗaki. Yarinyar ta warke, kamar yadda yara da yawa suka warke a daminar nan da allurar likita. Uban yarinyar ya aiko da kaza, wai godiya. Tun daga ranar ba a sake kiran Inna gidan haihuwa ba.

Shi kuwa gogan naku yana nan yana ta aikinsa. Na ji ya sayi sabuwar kamara, ya yi fim na ƴan fashi, ya yi na wata aljana mai tare masu kabu-kabu a hanyar Sassumbrum. Ya aiko wa Inna da turmin zane da Sallah, ta karɓa ta sa masa albarka, abin da ya fi ba ni haushi ke nan. Ban taɓa jin ya je ƙauyen ya tsaya a ƙofar masallaci ya faɗi yadda ya yi aikinsa ba.

Da cikina na fari ya tsufa, ya kamata in koma gida in haihu a gaban Inna, ta yi mini wankan jego kamar kowace ƴa. Surukata ta ce hanya ba kyau, gara in zauna kusa da likitan Waca. Hanyar lafiyarta lau, kowa ya sani. Na yi kuka, mijina ya sunkuyar da kai, na zauna. Wata tsohuwar unguwa ce ta wanke mini ɗana.

Ranar suna Inna ta zo da ƙwaryar kayan yaji da ta daka da hannunta. Ta gaisa da kowa, ta zo ƙofar ɗakina ta zauna a dokin ƙofa, ta ba gadon baya. Na ɗauko yaron zan miƙa mata, ta ɗaga hannu ba tare da ta juyo ba. Ta ce in mai da shi, gidan cike yake da idanu, in ya yi ko atishawa gobe ni za ta ja wa. Raina ya ɓaci, na ce jikanta ne, duk mai magana ya yi ta yi. Can ta rage murya ta tambaye ni wa ya biyo.

Na ce, “Ke ya biyo, Inna. Har goshin.”

Ta ce, “Rufe bakinki, kada wani ya ji.”