Ƙarfen da Aka Bari a Gida

"To ina ƙarfen gindin jirgin, Baba? Shi ke hana shi kifewa fa."

"Yana gida. Motata ta tsufa kamar ni, ba ta hawa tudu da nauyi."

Tilek mai kifi yana kallon dattijon a bakin tafkin Isik-Kul. Rigar dattijon sabuwa ce, yana ɗaura ƙyallen kama iska a ƙaramin jirgin da ya jawo kan 'yar tirela a bayan motarsa. Da sunan mace a jikin jirgin, fentin ya koɗe. Wataƙila sunan marigayiya matarsa ne, tare suka saba fita.

Iska ta fara saukowa daga duwatsu.

"Baba, bari sai gobe mana."

"Riƙe mini makullin motar, ɗana."

Dattijon ya juya ya nufi igiyar jirgin da zai kwance.