Tasoshin da Batula Ta Wanke

A ƙauyen da aka haifi Lauwali, can gefen Kebbe, ba a tambayar mutum ko ya iya ruwa, sai dai a tambayi tsawon lokacin da yake yi a ƙasa kafin ya ɗago. Ubansa masunci ne, kakansa ma haka, kuma tafkin da ke bayan gari, wanda suke kira Baƙin Ruwa, shi ne gonarsu ta rani. Lauwali bai fi kowa iya jefa taru ba, bai kuma cika sa'ar kifi ba. Baiwarsa ɗaya ce, wato dogon numfashi. In taru ya maƙale a ƙasa, shi ake kira. In babur ya sulluɓe daga kwale-kwale, ko Allah ya yi wa wani cikawa a ruwa ana neman gawa, Lauwali ne zai tuɓe riga ya sauka, mutane su tsaya a gaɓa suna jiran ya ɗago.

Yana da shekara ashirin da 'yan kai abin da ya ɓata masa suna ya faru. Ya nutsa ne don ya kwance tarun babansa a gurbin tsakiya, inda ya fi ko'ina zurfi, sai hannunsa ya sauka a kan wani abu da ba dutse ba, ba kuma itace ba. Baki ne mai zagaye, da sanyi. Ya lalluba ya ji tasoshi ne an jera wata cikin wata, ga wasu zobba manya kamar na ƙafa, duk laka ta riƙe su gam. Numfashi ya ƙare masa, ya taso yana haki.

"Akwai kaya ƙasa!" in ji shi. "Tasoshi na, da mundaye. Wallahi na gani!"

Almu, sa'ansa, wanda daga baya ya zama mahauci a kasuwar Kebbe, yana zaune a kan gorarsa ta su. Ya ce, "Ruwan da ko tafin hannunka ba ka gani ciki, nan kag ga tasa? Halan da tuwo ciki?"

Aka kwashe da dariya. Lauwali ya koma ƙasa sau uku a ranar, ya sake komawa washegari, amma gurbin yana da faɗi, ruwan baƙi ne kamar sunansa, bai sake dacewa da wurin ba. Kafin damina ta faɗi, babu mai kiransa Lauwali sai uwarsa. Kowa Nagani yake ce masa.

Da ma ya yi dariya tare da su, da an manta. To, ba irin mutumin ba ne. Duk wanda ya tsokane shi sai ya tsaya ya maimaita labarin tun daga farko, ba ƙari ba ragi, yana rantsuwa, jijiyar wuyansa ta miƙe. Mutanenmu kuwa in suka samu wanda tsokana ke yi wa ciwo, sun samu abin yi ke nan har tsufa. Ya auri Batula, ta zama matar Nagani. 'Ya'yansa suka tashi ana ce musu ɗiyan Nagani. Abin da ya fi ci masa rai ya faru ne a gaban mai gari, ranar da aka kira shi shaida kan iyakar wata gona da ya san tarihinta sarai. Yana buɗe baki abokin shari'ar ya ce, "Ranka ya daɗe, yanzu shaidar Nagani za a kama?" Mai gari ya murmusa, ya ce a nemo wani. Mutumin da ya tsamo gawar 'yan'uwansu da hannunsa, shi ne maganarsa ba ta isa ta tsayar da iyakar kunya uku ta gero ba. Ni abin yana ba ni haushi har yau.

Ya kusa sittin lokacin da aka yi damina biyu a jere ruwa bai zauna ba. Baƙin Ruwa ya janye har makiyaya suna ratsa gefensa da shanu. Lauwali ya ɗauki igiya da gorarsa, bai gaya wa kowa ba, ya nufi gurbin tsakiya. A nutso na biyu hannunsa ya sauka a kan bakin nan mai sanyi, inda ya bar shi shekara talatin da biyar. Kwana uku yana haƙa laka da farce yana ɗagowa. Ya fito da tasoshi bakwai, da buta mai dogon wuya, da mundaye masu nauyi har goma sha ɗaya, dukkansu sun yi baƙi, wata tsatsa kore-kore ta lulluɓe su.

Da yake tsintuwa ce, ranar kasuwar Kebbe ya ɗauko su a buhu ya baje, ya yi cigiya kamar yadda addini ya ce, ko akwai mai su. Mutane suka yi cincirindo, wasu har suna taɓawa suna shinshina yatsa. Almu ya bar tukubar tsirensa ya zo ya leƙa. A karon farko bakinsa ya yi nauyi. Da ƙyar ya ce, "To, a bari masu ilimi su zo su duba. Wa ya san ko bola yat tono?" Wani malamin firamare ya buga waya Tambuwal, daga can magana ta kai Sakkwato, aka aiko cewa wata ma'aikaciyar kayan tarihi za ta zo.

Sai da aka yi mako biyar kafin ranar ta tsaya. A tsakanin nan ruwa ya sauka kamar da bakin ƙwarya, tafki ya fara komawa mazauninsa. Lauwali bai damu ba, kayansa suna ƙarƙashin gado.

Batula ce ta damu. Baƙuwa za ta zo daga birni, mace kuma, ta shigo gidanta a ɗauko mata kwanoni masu dauɗa haka? Me matan unguwa za su ce? Ita da ko murfin tukunya ba ta yarda baƙo ya gani da baƙi. Ta jiƙa tsamiya, ta tankaɗe toka, ta samo yashi mai laushi da soson ƙarfe. Kwana biyu tana durƙushe a tsakar gida tana dirza, har yatsunta suka tsattsage, tsami yana shiga yana yi mata zogi. Da ta gama, tagulla ta fito ja tana walƙiya, mutum yana ganin fuskarsa a cikin tasa. Lauwali ya shigo ya gani, daɗi ya kama shi.

"Allah shi yi miki albarka, Batula," ya ce. "Hakanga aka sanin gidan mutunci."

Baƙuwar, Malama Khadijat, ta iso da hantsi cikin mota mai ƙura har rufi, hanya ta jijjiga ta, ranta a ɓace. Sau biyu a watan ana kiranta ƙauyuka ta tarar da sababbin kayan maƙera an shafa musu ƙasa. Aka shimfiɗa tabarma a ƙofar gida, rabin gari ya kewaye. Lauwali ya sa rigarsa ta sallah, ya jera kayan da hannunsa. Ta ɗaga tasa ɗaya, ta juya ta, ta ɗauki hotuna da waya don sabo, sannan ta ajiye.

"Baba," ta ce, "kayan da sunka daɗe cikin ruwa ba su fitowa haka. Tsatsa ka hawansu, kore-kore. Wagga kamar jiya anka sayo ta kasuwar Tambuwal."

"Da tsatsarsu nif fiddo su, Malama!"

Daga bayan zana muryar Batula ta fito: "Ni niw wanke su, Hajiya. Da toka da tsamiya."

Wani ya ce, "To, yau matar ma ta shiga sana'ar." Dariya ta ɓarke.

Lauwali ya juya ga jama'a. Ga su nan, waɗanda suka taɓa tsatsar da yatsunsu a kasuwa, sun fi mutum arba'in. Ya ce, "Jama'a, ku faɗi mata. Kun gani ranar kasuwa. Almu, kai ka leƙa, faɗi mata abin da kag gani."

Almu ya sosa ƙeya. "Ni dai ban duba da kyau ba. Nama nib bari bisa wuta."

Sauran kowa ya samu abin kallo a ƙasa. Ba don sun manta ba. Shekara talatin da biyar suna yi wa mutum dariya, in suka ce ya yi gaskiya yau, su kuma me suka zama?

"Ki jira ni," in ji Lauwali. "Akwai saura ƙasa. Yanzu in kawo miki da tsatsarta."

Ya tuɓe rigar sallah ya miƙa wa Batula ta saman zana, ya nufi tafki, mutane suka bi shi kamar masu zuwa kallon dambe. Ruwan ya ƙaru da fiye da tsayin mutum biyu, kuma ƙirjin ɗan sittin ba na ɗan ashirin ba ne. Ya nutsa ya taso hannu wofi. Ya sake, haka. A na uku ya daɗe har masu dariya suka yi shiru. Can ƙasa ya ji wani abu ya fashe a cikin kansa, ta dama, sannan ta hagu. Da aka jawo shi gaɓa jini yana bin wuyansa daga kunnuwa biyu, hannunsa cike da laka zalla. Ya ɗaga kai yana neman motar. Ta tafi tun nutso na farko, don hadari ya haɗo kuma direba yana tsoron hanya.

Daga ranar bai ƙara jin komai ba, ko kiran salla. Ya daina zuwa tafki. Yakan zauna a gindin wata bishiyar bedi kusa da kasuwa, yana kallon bakunan mutane suna motsi, kuma duk bakin da ya buɗe da haƙora a waje ya san da shi ake. Batula kuwa ta kasa haɗa ido da kayan. Ranar da ɗan gwangwan ya ratso unguwa da kurarsa yana musayar tsohon ƙarfe da robobi, ta kwaso su duka ta ba shi, ya ba ta baho biyu da bokiti. Lauwali yana gani, bai hana ba.

Bayan an yi girbi, ranar kasuwa, motar nan ta dawo. Khadijat ta fara zuwa gidan, Batula ta nuna mata baho biyu da bokiti. Daga nan aka rako ta gindin bedi, mutane suka taru kamar wancan karon.

Abin da ta faɗa kowa ya ji, in ban da mutum ɗaya. Ta ce wani dattijo a wurin aikinsu ya ga hotunan, ya gane zanen da ke gindin butar da irin zubin mundayen, ya ce rabon da a yi irinsu tun kafin kakannin kakanninmu. Ta ce ita ta yi kuskure, bawan Allahn nan gaskiya ya faɗa tun farko, kuma ta zo neman gafararsa a gaban jama'a. Mutane suka shiga 'yar dariyar kunya, wannan yana taɓa wancan.

Lauwali ya ga matar nan dai, da motar nan, da taron nan, ga haƙora ko'ina. Ta durƙusa tana miƙo masa waya da hoton butar. Ya ture hannunta, ya dafa bedi ya miƙe, ya yi magana da ƙarfi irin na wanda ba ya jin muryarsa, har 'yan awo suka waiwayo.

"Ƙarya nika yi! Kun ji? Ban ga komi ba. Tambuwal nis sayo su. Ƙarya ta, tun farko ƙarya ta. Don Allah ku ƙyale ni hakanan."

Khadijat tana girgiza kai, tana ɗaga murya, tana hawaye. Ya kakkaɓe rigarsa ya bi hanyar gida, bai waiwaya ba.

Almu ya juya tsirensa a kan wuta, ya dubi jama'a. "To, kun dai ji," ya ce. "Shi da bakinshi yaf faɗi."