Na Shiga Aji Kafin Takardata Ta Fito

A lokacin ina shekara ta uku a jami'a a nan Alƙahira, ina zaune a unguwar Hayyus Sabi' da wasu ɗalibai 'yan ƙasarmu. Ni ba mai yawan magana ba ne. Abokan zamana kan tsokane ni cewa ko gaisuwa sai na rubuta na duba kafin in furta. Kuma ba na yar da takarda, ko tikitin bas nakan cusa cikin littafi.

Wani dattijo Bahaushen Sudan, mai ƙaramar makarantar kuɗi ta 'ya'yan baƙi, ya ji ina yi wa yara bitar nahawu a masallaci, sai ya nemi in riƙe masa aji ɗaya na Larabci. Ya ce doka ita ce sai hukumar ilimi ta amince da naɗin kowane malami. Ni ya aika ofishinsu da takarduna, aka ba ni 'yar shaidar karɓa mai hatimi, na sa ta cikin littafina. Bayan mako biyu ya ce komai tamam, an kammala, in fara aiki. A nan na yi kuskure. Na so in ga takardar amincewar da idona, amma mutumin ya girmi mahaifina, kuma a gidanmu neman shaida wajen dattijo tamkar ƙaryata shi ne. Na sunkuyar da kai na ce to, Baba.

Na ji daɗin shekarar nan ƙwarai. Yaran sun saba da ni, kullum kuma nakan rubuta darasin da muka yi da kwanan wata. Sai bayan jarrabawa mai duba makarantu ya zo, ya nemi takardar naɗina, aka rasa. Hukuma ta ce makin da na ba yara ba karɓaɓɓe ba ne, sai dai su maimaita shekara. Dattijon ya shaida mini cewa kullum a ofishin hukumar ana ce masa ya dawo gobe, har ya ɗauka an amince. Wata uwa ta tare ni a bakin ƙofa, ta tambaye ni cikin sanyin murya wane laifi 'yarta ta yi.

Makaranta ta ɗauki lauya aka je kotu. Hukuma ta ce ba ta taɓa karɓar takarduna ba. Na koma ɗaki na bi littattafaina ɗaya bayan ɗaya, na tarar da shaidar nan a tsakiyar babin fa'ili na littafin nahawu, na haɗa da kundin darussana na kai. Ranar da na tsaya gaban alƙali na yi ta magana ƙasa-ƙasa, har lauyan ya raɗa mini cewa ba tilawa nake wa kaina ba, in ɗaga murya.

Bayan watanni aka yanke hukunci. Ba a amince da naɗina ba, domin iƙamar ɗalibi, wato takardar izinin zama a ƙasar, ba ta ba ni damar aiki. Amma tunda an kai takardu kuma an kammala manhaja, aka yarda yaran su sake jarrabawa a hannun malamin da aka amince da shi. Sun haye, 'yar matar nan ma ta zo ta biyu. Na rasa aikin, na koma ga karatuna hankali kwance.

Daga baya dattijon ya ce da na tambaye shi tun farko, da shi ma ya farga. Wannan ya fi tsaya mini a rai. 'Yan'uwana ɗalibai, ladabi bai hana tambaya. Kafin ka tsaya gaban allo, ka ga takardarka da hatiminta, ka kuma san abin da iƙamarka ta yarje maka. Kunya tawa ce, amma yaran ne suka kusa rasa shekara guda saboda ita.