Ranar da Fatiha ta ɓace wa Kawu

Har yau idan na shaƙi warin man zafi, irin wanda ake murza wa gaɓoɓi, sai gabana ya faɗi. Ba ciwo nake tunawa ba, ranar Talata nake tunawa, a gidanmu na hawa na biyar a titin Grand Concourse, a Amurka. Talata ce ranar hutun Kawu, ƙanin mahaifiyata. Tun yana kan bene warin man yake riga shi sallama.

Kawu ɗan wasan ƙwallon Amurka ne, kuma sana'arsa ke nan. Kwatabak ake ce wa matsayinsa, wato shi ake miƙa wa ƙwallo ya jefa, yayin da ƙattai suke rugowa su danne shi. Kada ka ɗauka shahararre ne. Shekara shida ya yi yana ɗumama benci, daga wannan gari zuwa wancan, yana jiran na gabansa ya ji ciwo. A kakar da nake ba ka labari, ina shekara goma, ya samu shiga fili a wata ƙungiya da ke kusa da mu. Idan ya ce ba shi da lafiya ko sau ɗaya, akwai wani a benci yana jiran nasa rabon.

Ran Lahadi falonmu cika yake. Hajiya, kakata, ba ta taɓa kallon wasa ɗaya ba. Tana zama ta juya wa talabijin baya da carbi a hannu, tana tambaya, "Ya tashi?" Alhaji kuwa, kakana, tsohon ɗan dambe ne tun a Nijar, kafin ya zo ya kafa teburin huluna da turare a unguwar Harlem. Duk sanda aka kayar da Kawu ya miƙe, sai ya buga cinya ya ce jininsa ne. A wurin Alhaji namiji ba ya cewa wayyo. Ni yana tsokanata da amarya, ina ce masa na fasa auren mai furfura, amma ko ni na san inda wasa yake tsayawa.

Ni ce mai gyara ɗakin da Kawu yake kwana, shi ya sa na san abin da manya ba su sani ba. Wata Talata da ganye ya fara zuba, bayan an buga kansa da ƙasa a wasan Lahadi, na same shi ya sauke labule da rana tsaka, ya ce haske yana sukar idonsa. Na ji yana amai a banɗaki. Ya tambaye ni ajin da nake har sau uku, kuma kowane karo kamar bai taɓa tambaya ba. Da ya ga yadda nake kallonsa sai ya riƙe hannuna.

"Ina fine, ɗiyata. Amana ce, kar Alhaji ya ji."

Na riƙe amanar. Bayan mako uku aka sake buga kansa da ƙasa, na sake riƙewa. An ce baki shi ke yanka wuya, ni kuma ina tsoron nawa ya yanka na Kawu. Amma duk Lahadi ina gaban talabijin. Ina ganin an rufe shi da jikkuna sai in ƙirga a raina har ya motsa. Tsoro nake ji ya mutu a gaban idonmu, a ce ni na sani na yi shiru.

Karo na uku sanyi ya riga ya shigo, bututun ɗumama ɗaki yana ta huci. Da magariba Alhaji ya tura Kawu gaba ya ja mu salla, kamar kullum in ya zo, don shi ne mai hadda a gidan. Ya yi kabbara, ya fara Fatiha. A aya ta uku ya tsaya.

Ka san yaron goye ma yana jan Fatiha. Muka jira. Alhaji ya tuna masa ayar, ya maimaita, ya sake tsayawa. Ban taɓa jin shiru mai ban tsoro kamar wannan ba. Alhaji ne ya dinga ba shi aya bayan aya har muka sallame.

"Gajiya ce," in ji Alhaji yana naɗe darduma. "Ya sha rubutu ya kwanta. Lahadi akwai wasa."

Ban san sanda bakina ya buɗe ba. A gidanmu yarinya ba ta tsoma baki a maganar manya, balle ta tona asirin kawunta. Na faɗi labulen, na faɗi aman, na faɗi tambayar da yake maimaitawa. Ina magana ina kuka. Kawu ya sunkuyar da kai, bai dube ni ba.

Alhaji ya daɗe yana kallon ɗansa. Ina jira ya daka min tsawa. Hajiya ce ta riga shi, ita da ba ta ɗaga murya.

"Kan da ya saki Fatiha, me kuma zai riƙe?"

Alhaji ya ɗauki hularsa ya ce, "Gobe sai wurin lokotoro. Ni zan kai shi."

Kawu bai sake shiga fili ba. Likitoci suka hana shi wannan kakar, wani ya gaje wurinsa, ba a sake nemansa ba. Ya daina zuwa ranar Talata. In mun haɗu da salla yakan amsa gaisuwata a taƙaice. Shekaru na yi ina ɗauke da cewa ni na rushe masa abin da ya yi shekara shida yana jira.

Yanzu Alhaji da Hajiya sun rasu. Yaran unguwarmu da ke wannan wasa an koya musu su faɗa da bakinsu idan kai ya juya, ba a kiran hakan ragwantaka. Kawu yana tuƙa motar makaranta, ya yi furfura, yana rubuta komai a ɗan littafi don kada ya manta. Bara na yi ƙarfin hali na roƙe shi gafara.

"Ba fushi nake da ke ba, kunyarki nake ji," ya ce. "Kullum addu'a nake wani ya faɗa, don ni ba zan iya a gaban Alhaji ba. Sai na ɗora wa yarinya 'yar shekara goma."

Na koma gida a jirgin ƙasa na layin D ina kuka. Abin da ya dame ni ba faɗin da na yi ba ne, sau biyun da na yi shiru ne.