Shaidar Mai Guga

Tun yana saurayi yake guga, har furfura ta cika masa kai bai sake sana'a ba. Sunansa na yanka ya daɗe da ɓacewa a layin, kowa Mai Guga yake ce masa, har matarsa in ranta ya ɓaci. Shagonsa ɗan ƙarami ne a jerin shagunan haya na bakin titi: tebur da tsohon bargo a kai, dutsen guga na wuta da na gawayi, sai igiyar da yake rataye kayan mutane. Bayan hannuwansa duk tabon ƙuna ne. In ka zo kana azalzalarsa, sai ya ce, "Ranka ya daɗe, rigar ba ta san kana sauri ba," amma kafin ka dawo ya goge ta tsaf.

Maƙwabcinsa kafinta ne, shekara da shekaru suna cin abincin rana a benci ɗaya. Wata rana da hantsi rigima ta kaure tsakanin kafintan da ƙanin mai shagunan, wanda ake kira Auta, a kan katakon da aka jingine inda Auta yake ajiye mota. Mai Guga yana tsaye a ƙofa da wando a hannu ya ga Auta ya ɗauki guntun ƙarfe ya sauke wa kafintan a dantse. Ƙashi ya karye.

Da 'yan sanda suka zo, mai faci ya ce ya sunkuya kan taya, mai aski ya ce ya ba titi baya. Mai Guga ya ce ya gani.

"Malam, kai kaɗai Allah ya ba ido a layin nan?" in ji matarsa da ya koma gida. "Shagon da kake ciki na waye?"

"To in ce ban gani ba, alhali na gani?"

Aka gurfanar da Auta. Duk ranar zama sai Mai Guga ya rufe shago ya tafi kotu, wani lokaci ya wuni a benci a ce an ɗage. Ranar da aka kira shi, lauyan Auta ya juya shi son ransa, ya ce tsufa ya ci masa ido, ya ce abota ce ta kawo shi. Mai Guga ya maimaita abin da ya gani, ya nuna Auta da hannu. Mai shagunan yana zaune a baya, ya zuba masa ido.

A zama na gaba mai gabatar da ƙara ya miƙe ya ce ɓangarorin biyu sun yi sulhu, kafinta ya janye. Ba wanda ya gaya wa Mai Guga tun da farko. Alƙali ya tambayi kafintan ko an tilasta masa, ya ce a'a. Nan take aka kashe shari'ar, aka sallami Auta. A harabar kotu sai gaishe-gaishe ake yi, ana ta sa wa juna albarka.

Mai Guga ya tari ma'aikacin kotun da ke kiran sunaye. "Ɗana, ni fa? Maganar da na faɗa fa?"

"Baba, kai shaida ne, ba ka cikin masu shari'a. Naka ya ƙare, je ka huta."

A bakin ƙofa kafintan ya same shi, ya kasa haɗa ido da shi. "Yaya, ka yi haƙuri. Yara sun sha wuya tun da hannun nan ya kwanta. Su Auta sun ɗauki nauyin asibiti, kuma ni zan yi musu ƙofofin sabon gininsu."

"Madalla. Ka ambace ni a wurin sulhun?"

Kafintan ya kau da kai, yana murza hannunsa.

Da farko kayan gidan mai shagunan ne suka daina zuwa, sannan na 'yan'uwansu da abokansu. Kafin wata ya ƙare aka aiko masa cewa ana bukatar shagon, za a mai da shi wurin ajiyar siminti. Ya je gidan da kansa, ya cire takalmi ya durƙusa. Mai shagunan ya amsa gaisuwarsa da fara'a, ya ce shi bai riƙe kowa a zuciya ba, gini ne kawai ya matso. Kafintan ma ya je roƙa masa, aka ce masa sulhu da shi aka yi, kada ya jawo abin da zai ɓata shi.

Ranar tashi, kafintan ne ya kama masa teburin da hannunsa mai lafiya suka ɗora a amalanke. Mai Guga ya so ya ji haushinsa, ya nema ya rasa, domin ya san yaran kafintan ɗaya bayan ɗaya.

Yanzu a barandar ɗakin hayarsa yake guga, can cikin lungu inda mota ba ta shiga. Tsofaffin abokan ciniki ƙalilan ne suka biyo shi. Wata rana yakan hura gawayi tun safe, ya zauna yana jira har ya zama toka ba a kawo ko hula ba. Matarsa sai ta fito da zannuwanta, waɗanda ba su ma yamutse ba, ta ajiye masa a tebur ta koma ciki.